Jirgin labari da jirgin bincike: wanne ke ratsa zamani a ƙarƙashin teku?

Ɗan'uwa, ka tambaya ko jiragen nan na ƙagaggun labarai, masu nitsewa can ƙasan teku su ɓullo a wani zamani daban, suna da tushe a kimiyya, da kuma yadda suke idan aka jera su da jiragen da ake da su a zahiri.

Tun daga nitson kansa hanya ta rabu. Marubuci ba ya biyan kuɗin ƙarfe, don haka yakan ba jirginsa faffaɗan tagogi da ɗakunan kwana, ya kai shi duk zurfin da ya ga dama. Jirgin zahiri kuwa da matsin ruwa yake fama, wanda ke ƙaruwa da kwatankwacin nauyin iskar da ke kanmu a duk mita 10. A kwarin Mariana da ke Tekun Fasifik, inda zurfi ya kusa mita 11,000, ruwa yana danna fiye da tan guda a kan wurin da bai wuce faɗin farce ba. Lokacin da Jacques Piccard da Don Walsh suka sauka can a jirgin Trieste a Janairun 1960, a takure suke cikin ƙwallon ƙarfe mai faɗin kimanin mita 2. Sun shafe kusan awa 5 suna gangarawa, wata taga ta waje ta tsage a hanya, suka yi minti 20 kacal a ƙasa, kuma lakar da jirgin ya tayar ta hana su ɗaukar hoto. Mutum 5 da suka rasu a jirgin Titan a 2023, a hanyarsu ta zuwa ɓaraguzan Titanic, ko rabin wannan zurfin ba su nufa ba.

Batun zamani shi ne inda labarin ke da ɗan abin kamawa, amma ƙanƙane ne ƙwarai. Nazarin Einstein ya nuna cewa agogon da ke ƙasa yana tafiya a hankali fiye da na sama, kuma gwaji ya tabbatar da hakan. Sai dai wanda ya zauna shekara cur a ƙasan kwarin Mariana, bambancin agogonsa da namu ba zai kai kashi 1 cikin 10,000 na sakan ba. Ta wannan fuska kumbo ya fi jirgin ruwa, saboda tsananin gudunsa: ɗan sama jannatin Rasha Sergei Krikalev, da ya tara kwana 803 a sararin samaniya, ya samu tazarar kimanin kashi 1 cikin 50 na sakan. Wannan duk tafiya gaba ce cikin zamani, domin wanda agogonsa ya yi jinkiri zai tarar lokacin sauran mutane ya ɗan wuce nasa. Komawa baya, wadda ita ce ƙashin bayan waɗannan labarai, babu na'urar da ta taɓa yi.

A ganina, jirgin da ya fi kusa da cika alkawarin marubutan ko nitsewa ba ya yi. Jirgin haƙa ne, mai tsayawa a saman ruwa ya zura bututu har ƙasa ya zaro laka, wadda ta kwanta hawa-hawa tsawon miliyoyin shekaru, ta yadda duk abin da aka ƙara zurfi, an ƙara nisa cikin tarihi. A 1970 jirgin Glomar Challenger ya zaro gishiri daga ƙarƙashin Bahar Rum, shaidar cewa kimanin shekara miliyan 6 da suka wuce tekun ya ƙafe ko ya kusa. Magajinsa, JOIDES Resolution, ya haƙa a gaɓar Muritaniya, inda ƙurar Sahara, irin wadda ke rufe mana gari da hunturu, ke sauka a Tekun Atlantika. Lakar ta nuna cewa ƙurar ta yi ƙaranci na dubban shekaru, lokacin da Sahara ke da ciyawa da tafkuna, sannan ta ƙaru sosai kimanin shekara 5,500 da suka wuce. Jirgin ya yi tafiyarsa ta ƙarshe a 2024, kuma lakar da ire-irensa suka zaro tana ajiye a ɗakunan sanyi a Amurka da Jamus da Japan, inda masu bincike ke neman a yanko musu samfur.