Daga Manchester: Finafinan Namun Daji na Yara

Assalamu alaikum Yaya, tare da fatan kowa yana lafiya. Ka tambaye ni abin da yara ke kallo a nan Ingila, kuma abin da ya fi ɗaukar hankalina shi ne gajerun finafinan namun daji da gidajen zu suke shiryawa da kansu.

Gidan zu na Chester, wanda aka buɗe a 1931, ba shi da nisa da mu, amma kuɗin shigar babba ɗaya ya haura fam 30, don haka magidanci mai 'ya'ya da yawa sai ya yi lissafi kafin ya kwashi iyali. Finafinansu kuwa kyauta ne a YouTube da Facebook. Galibi ba sa wuce minti biyu ko uku, sai a nuna mai kula da dabbobi yana ba karkanda abinci yana bayanin abin da take ci, ko kuma a saki hoton da kyamarar tsaro ta ɗauka lokacin da raƙumar dawa ta haihu a tsaye, jaririn ya faɗo ƙasa, ba da jimawa ba ya miƙe yana tangaɗi. Tashar yara ta CBeebies, mallakar BBC, ita ma tana da irin waɗannan shirye-shirye, babu talla ko ɗaya, domin da kuɗin lasisin talabijin da gidaje masu kallo ke biya, sama da fam 170 a shekara, ake tafiyar da BBC.

A gida Najeriya kuwa lamarin ya juye. Shiga gidan zu na Audu Bako a Kano da Sallah bai fi ƙarfin talaka ba, yaro zai ga zaki da kura da jimina ido da ido, amma kallon fim a waya sai an sayi data, kuma abin da zai samu yawanci da Turanci ne. Ni a ganina wannan asara ce, tunda dabbobin da yaran Turawa ke rububin kallo akasarinsu na nahiyarmu ne, ga giwayen Yankari a Bauchi, ga raƙuman dawa na Kure kusa da Yamai.

Aikin shirya irin waɗannan finafinai da Hausa ba ya bukatar kayan Kannywood masu tsada. Waya mai kyamara mai kyau da ma'aikacin da ya san halin dabbarsa sun wadatar, matuƙar fim ɗin gajere ne da za a iya turawa ta WhatsApp. Don Allah ka tuntuɓi yaran unguwa masu ɗaukar bidiyon biki, ka ji nawa za su caja.