Schiller ko Goethe: da wa za a fara?

Malama, kin ce sunan Goethe kike ji kullum, har cibiyar koyar da Jamusanci da ke Legas sunansa ta ci, amma malaminku na adabi ya ce in dai wasan kwaikwayo ake magana, Schiller ne gwarzon Jamusawa. Kina son sanin abin da ya raba su, da kuma wanda ya kamata ki fara karantawa. Malaminku bai faɗi ba daidai ba, ni ma Schiller zan ce ki fara da shi.

Tun daga tashi ba hanya ɗaya suka biyo ba. Goethe ɗan masu hali ne, an haife shi a Frankfurt a 1749, ya karanta shari'a, ya yi suna tun yana saurayi. A 1775 sarkin Weimar, Karl August, ya kira shi fada, ya zama babban jami'in gwamnati, ya rayu cikin rufin asiri har ya kai shekara 82. Schiller kuwa ɗan ƙaramin hafsan soja ne, haihuwar Marbach a 1759. Yana da shekara 13 sarkin ƙasarsu, Karl Eugen, ya sa aka kai shi makarantar soja ba da son iyayensa ba. A can ya karanta likitanci, a can kuma ya riƙa rubuta wasansa na farko a ɓoye, Die Räuber, wato 'yan fashi. Da aka nuna wasan a Mannheim a 1782 gari ya ɗauka. Sarki ya kulle shi mako biyu saboda ya bar bakin aikinsa na likitan soja ba izini, ya kuma hana shi sake rubuta wasa. Sai ya gudu daga Stuttgart da dare, ya shiga shekarun bashi da yawo. Duk wanda ya san wannan ba zai yi mamaki ba da ya ga kusan kowane wasan Schiller jigonsa ɗaya ne: mutum a gaban mai mulki.

Sai yadda kowannensu yake aiki. Goethe da ido yake farawa. Ya yi nazarin tsirrai da duwatsu da ƙasusuwa da launuka, kuma yadda yake kallon ganye haka yake kallon ɗan Adam. Schiller da tunani yake farawa, sannan ya nemo masa mutane da tarihin da zai ɗora shi. Ranar da abotarsu ta ƙullu ma a kan wannan suka yi musu. A Jena ne, a 1794, bayan wani taron masana halittu. Goethe ya zana masa a takarda wani tsiro da yake ganin shi ne asalin siffar dukan tsirrai. Schiller ya girgiza kai ya ce wannan ba abin da ido ya gani ba ne, tunani ne. Ran Goethe ya ɗan sosu, amma daga ranar suka shiga musayar wasiƙu, kusan 1,000, har mutuwa ta raba su. Goethe kamar manomi yake, ya shuka ya jira damina: babban wasansa, Faust, ya ci masa kimanin shekara 60, kashi na biyu sai a 1832 ya fito, shekarar da ya mutu. Schiller ba shi da wannan sararin. Tun 1791 ciwon ƙirji ya kama shi, shi ya sa tsakanin 1798 da 1804 ya jero Wallenstein da Maria Stuart da Die Jungfrau von Orleans da Wilhelm Tell, ya mutu a 1805 yana da shekara 45.

A kan dandamali ne za ki ga dalilin maganar malaminku. Faust teku ne, amma kashinsa na biyu ya fi dacewa da karatu a ɗaki, nuna shi gaba ɗaya sai an yi da gaske. Schiller kuwa ya san inda zai sa mai kallo ya riƙe numfashi. Ki duba Maria Stuart. A tarihi, Sarauniya Elizabeth ta Ingila da Mary ta Scotland ba su taɓa haɗuwa ido da ido ba. Schiller ya haɗa su a tsakiyar wasan, a filin gidan da ake tsare da Mary. Mary ta durƙusa, ta haɗiye girman kanta, tana roƙon ranta. Elizabeth ta yi ta yaɓa mata magana, har tura ta kai bango, Mary ta miƙe ta tona mata asirin haihuwarta a gaban fadawanta. A wannan lokacin ta yi nasara, a wannan lokacin kuma ta yanke wa kanta hukuncin kisa. Haka a Don Carlos, inda wani bafade ya tsaya gaban Sarki Philip na Sifen ya nemi ya ba talakawansa 'yancin tunani. Ba banza ba Hitler ya hana nuna Wilhelm Tell a 1941, domin wasa ne da mafarauci ya harbe azzalumin gwamna da kibiya. Abin sha'awa, Schiller bai taɓa taka ƙasar Suwizalan da labarin ya faru ba. Goethe ne ya je, shi ne kuma ya bar masa labarin.

Inda na fi son ki tsaya shi ne tunaninsa kan kyau da fasaha, don a nan tazararsu ta fi fitowa. Goethe bai gina wani tsari na falsafa ba, ra'ayinsa a warwatse yake cikin wasiƙu da hirarraki. Schiller ya zauna ya karanci Kant, masanin falsafar Jamus, sosai a shekarun jinyarsa, da tallafin kuɗi daga wani yariman Denmark, ya kuma rubuta wasiƙu 27 kan tarbiyyar ɗan Adam ta hanyar kyau, waɗanda suka fito a 1795. Abin da ya tunzura shi juyin juya halin Faransa ne. A 1792 Faransawa sun ba shi lambar zama ɗan ƙasa don girmamawa, sai ga shi a 1793 sun sare kan sarkinsu, jini ya yi ta kwarara. Tambayarsa ita ce: me ya sa 'yanci ya zo, mutane suka kasa riƙe shi? Amsarsa, an sauya doka ba a sauya mutum ba. Ya ce abu biyu ke jan kowa, sha'awar jiki da umarnin hankali. Wanda sha'awa ta rinjaya ya zama dabba, wanda ƙa'ida tsagwaro ta rinjaya ya zama marar tausayi. Sai ya kawo na uku, wanda ya kira wasa: halin da mutum kan shiga in yana sauraron waƙa ko kallon abu mai kyau, ba yunwa ke korarsa ba, ba doka ke tilasta shi ba, jiki da hankali suna aiki tare. A wasiƙa ta 15 ya ce mutum ba ya cika mutum sai a lokacin da yake wasa. Har ya koka kan yadda rabon aiki na zamani ke mayar da mutum guntun ƙarfe a cikin inji, tun kafin masana'antu su cika Turai.

Ba zan ɓoye miki rauninsa ba. Taurarinsa wani lokaci huɗuba suke yi maimakon magana, Karl Marx ma ya soki wannan a wata wasiƙa ta 1859. Matan Goethe, irin su Gretchen ta cikin Faust, sun fi kama da mutanen da za ki iya haɗuwa da su. Akwai kuma tambaya mai nauyi da ke kan ra'ayin Schiller: a 1937 gwamnatin Hitler ta gina sansanin azabtarwa na Buchenwald a kan tudun da ke kallon Weimar, garin da ke alfahari da su biyun. Fasaha ita kaɗai ba ta hana wannan ba. Duk da haka ina ganin ya gano ciwon daidai, ko da maganinsa bai wadatar ba, kuma duk marubucin da ya taɓa tambayar kansa amfanin abin da yake rubutawa zai ƙaru da shi.

Goethe ya fi shi faɗi nesa ba kusa ba, kuma akwai ƙofar da za ta yi miki daɗin shiga: diwaninsa na 1819, wato tarin waƙoƙinsa, wanda waƙoƙin Hafiz na Farisa suka zaburar, bayan ya daɗe yana karanta fassarar Alƙur'ani. Amma wannan sai daga baya. Ki fara da Maria Stuart, ki bi da Wilhelm Tell, sannan ki ɗauki wasiƙa ta 6 da ta 15 daga cikin wasiƙunsa 27 kan kyau ki karanta a hankali, don salonsu na da tauri. In kin gama, kashi na farko na Faust, na 1808, zai fi buɗe miki, musamman da yake Schiller ne ya yi ta matsa wa abokinsa lamba ya koma kansa ya kammala.