FileZilla ko WinSCP: wanne ya dace da sabarka?

Ɗan'uwa, ka ce ka kama hayar saba don shafinka, kamfanin ya turo maka adireshi da sunan shiga da kalmar sirri, kana so ka san wanne ya fi tsakanin FileZilla da WinSCP. Dukansu manhajoji ne na kyauta, dukansu za su kai maka fayil daga kwamfutarka zuwa saba. Amma fara da zaɓar hanyar da fayil ɗin zai bi, don nan ne ake yawan yin asara.

FTP tsohuwar hanya ce, tun 1985 aka rubuta ƙa'idar da take kai yau. Ta ƙofa mai lamba 21 take shiga, kuma kalmar sirrinka tsirara take tafiya, mai leƙen layi zai iya tsintarta. SFTP kuwa ta cikin SSH, wato rufaffiyar hanyar shiga saba, take bi, ƙofa 22, komai a kulle. In kamfanin ya ba da SFTP, kada ka waiwayi FTP. In bai bayar ba, ɗauki FTPS, wato FTP da aka ƙara wa kullewa. Ka kuma duba saƙon da suka turo da kyau, don wasu kan canja ƙofar: a sabar haɗaka, wadda mutane da yawa ke haya tare, kamfanin Namecheap na amfani da 21098, Hostinger kuma 65002. In ka bar 22 a nan, sai ka yi ta jira har haɗin ya yanke.

FileZilla na aiki a Windows da macOS da Linux. WinSCP a Windows kaɗai, don haka in ba Windows gare ka ba, magana ta ƙare. A FileZilla danna Ctrl+S ka buɗe Site Manager, ka zaɓi SFTP, ka cika adireshi da ƙofa da suna. A WinSCP tagar shiga ce ke fara tarbarka da waɗannan guraben. Karon farko kowannensu zai nuna maka zanen yatsan sabar, wato jerin haruffa da lambobi da ke shaida cewa ita ce. Gwada shi da wanda kamfanin ya bayar kafin ka amince, kuma in wata rana ya canja ba tare da sanarwa ba, dakata ka tambaya.

Wajen ajiye kalmar sirri FileZilla na buƙatar lura. In ba ka sa masa babbar kalmar sirri mai kulle sauran ba, yana ajiye ta sabar a fayil ɗin sitemanager.xml da salon rubutu na base64, wanda ba kullewa ba ne, kowa zai iya warware shi. Shi ma WinSCP sai ka kunna tasa babbar kalmar sirrin. Mafi aminci dai mabuɗin SSH, wato fayil da ke maye gurbin kalmar sirri: WinSCP na son samfurin ppk na manhajar PuTTY, kuma in naka samfurin OpenSSH ne zai juya maka shi da kansa.

Inda WinSCP ya yi zarra shi ne layi mai yankewa. Ta SFTP, duk fayil da ya haura KB 100, yana tura shi ne da sunan wucin gadi mai ƙarewa da filepart, sai ya kammala ya mayar masa da sunansa. Ko intanet ya ɗauke a tsakiya, tsohon fayil ɗin shafinka na nan lafiya. Yana kuma daidaita fulda biyu ya tura abin da ya canja kaɗai, ana ma iya rubuta masa umarni ya riƙa yi da kansa. Shi FileZilla ƙarfinsa jigilar kaya mai yawa: yana tura fayil biyu a lokaci guda, ana iya ƙarawa zuwa 10. Sai dai in ka cika, sabar FTP za ta jefo maka 421, wato haɗi ya yi yawa, sai ka rage.

Lamba 530 na nufin suna ko kalmar sirri ba daidai ba. A cPanel, wato shafin sarrafa saba, sunan asusun FTP da ka ƙirƙira yana haɗe da @ da sunan shafin, mutane kan manta wannan. In kuma ka shiga amma jerin fayiloli ya ƙi fitowa, musamman da intanet ɗin waya, mayar da FTP ɗin yanayin Passive, inda manhajarka ce ke buɗe duk haɗi, saboda sabar ba za ta iya ƙwanƙwaso maka ta bayan layin kamfanin waya ba. SFTP ba ta da wannan ciwon, ƙofa ɗaya take bi.

Ga mai Windows da shafi ɗaya, WinSCP da SFTP muke ba da shawara. Zuba fayilolin cikin fuldar public_html, izinin fayil 644, na fulda 755, kada ka taɓa sa 777, wanda ke ba kowa damar canja fayil.