Wasiƙa daga Girka: yadda ake hidimar baƙi a garin Sarki Agamemnon

'Yan uwa na gida, muna gaisuwa. Ga bayanin da kuka nema a kan Mikine, tsohon birnin da Girkawa ke cewa nan ne fadar Agamemnon.

A tatsuniyarsu, Agamemnon ɗan Atreus ne, shi ya jagoranci yaƙin Tiroy don a ƙwato Helen, matar ɗan'uwansa Menelawus. Da iska ta ƙi kaɗawa jiragen ruwa suka tsaya cik a Awlis, sai ya yanka 'yarsa Ifijeniya hadaya. Matarsa Klitemnestra ta ƙullace shi shekara goma, ya dawo ta haɗa baki da kwartonta suka kashe shi. Orestes, ɗan da ta haifa wa Agamemnon, kuma ya girma ya kashe uwar. Gida ne da jini bai bushe a cikinsa ba.

Daga Atina tafiyar kusan kilomita 120 ce. Bas ɗin KTEL, masu safa tsakanin garuruwa, mai zuwa garin Nafplio yana tashi daga tashar Kifisos ta Atina, a kan lokacin da aka rubuta, ba a jiran mota ta cika kamar a tashoshinmu. Inda baƙo ke shan wahala shi ne a ƙauyen Fihti ake sauke mutum, saura 'yan kilomita na hawa, sai tasi ko ƙafa. Tikiti ɗaya ya isa ganuwa, gidan tarihi da kabarin da ake kira Taskar Atreus, don haka kada a yar da shi bayan ƙofar farko.

Kabarin nan abin kallo ne. Rufinsa kamar na rumbu, tsayinsa ya haura mita 13, dutse guda da aka gicciya a kan ƙofarsa kuwa ana ƙiyasta shi tan 120. Ƙofar Zakuna, babbar ƙofar shiga ganuwar, tana tsaye tun wajen 1250 kafin haihuwar Annabi Isa. A zo da takalmi mai kama ƙasa, domin sawun jama'a ya goge duwatsun sun yi santsi. Babu inuwa, a riƙe ruwa da rani. Matattarar ruwan da ke ƙarƙashin ƙasa baƙi ƙirin take, sai da tocila.

Abin da ya fi burge mu shi ne masu kula da wurin ba sa haɗa tatsuniya da tarihi don su ci kasuwa. Fuskar zinariyar da Bajamushe Heinrich Schliemann ya tono a 1876 har yau sunan Agamemnon take ɗauke da shi, amma za a gaya maka ta girmi zamanin yaƙin da wajen shekara 300. Ta ainihin tana babban gidan tarihi na Atina, ta Mikine kwafi ce. Tsarabar shagunan bakin hanya ma duk kwafi ne, fitar da kayan tarihi na gaske laifi ne babba.

Mu ma muna da Bayajidda da Daurama da rijiyar Kusugu, kuma masu ba da labarinmu sun fi allunan bayani na Mikine daɗin baki. Kulawa ce ta raba mu. Mikine ta shiga jerin wuraren tarihi na duniya na hukumar UNESCO a 1999, ganuwar Kano kuwa tun 2007 tana jerin masu jira, damina na zaizayar ta, gine-gine na cin gefenta. Abin yana yi mana ciwo ƙwarai.