Ofishin lauyoyin da na je a Zoo Road bayan an min hukunci a bayan ido

Jama'a da yawa sun tambaye ni ya muka ƙare da lauyoyin nan, to ga yadda aka yi. Sunansu dai ba zan kama ba don akwai ƴan ƙorafe-ƙorafe a ciki.

Ni fa ban ma san an kai ni ƙara ba wlh. Na je cire kuɗi a POS yaron ya ce an ƙi, na je banki suka ce ai umarnin kotu ne aka riƙe asusun. Ashe wani da muka yi harkar atamfa da shi a kasuwar Kwari ta Kano ne ya kai ni babbar kotu kan cikon kuɗi, aka liƙa sammaci a ƙofar tsohon shagona da na tashi tun bara, ni kuma lokacin ina Abuja ina jinyar mahaifiyata, aka yi zama aka gama aka yanke hukunci ba ni ba labarina.

Abin da ya fara burge ni da baristan, ina zama ina ta zuba masa yadda aka cuce ni sai ya ce Alhaji dakata, ran nawa ga wata aka yanke hukuncin? Na ce ai jiya na ji. Ya ce ba ranar da ka ji nake tambaya ba, kotu daga ranar da alƙali ya yanke take fara ƙirga. Nan take ya tura yaronsa wajen rajistara ya karɓo kwafin hukuncin, muka duba sati biyar har da kwana biyu. Gabana ya faɗi.

Ya zaunar da ni ya min bayani da Hausa tsaf, ba irin lauyoyin da za su cika ka da Turanci ka fito ba ka gane komai ba. Ya ce hanya biyu ce. Ko ka koma gaban alƙalin da ya yi hukuncin ka roƙi ya soke tunda ba ka nan aka yi, wannan a dokokin manyan kotuna da dama kwana 6 ne kacal, kwana shida fa jama'a! Ko kuma ka ɗaukaka ƙara, ita wata 3 ne in hukuncin ƙarshe ne, in kuma wani umarni ne na tsakiyar shari'a kwana 14. Ta farkon ta riga ta wuce ni, sai dai a roƙi ƙarin lokaci, kuma ba haka kawai alƙali zai ba ka ba, sai ka yi takardar rantsuwa ka faɗi me ya hana ka zuwa, me ya sa ka makara, sannan ka nuna kana da abin kare kanka ba ɓata wa kotu lokaci za ka yi ba. Ya ce da a ce sam ba a kai sammaci ba da abin ya zo da sauƙi, don hukuncin da ba a sanar da mutum ba ba shi da tushe, amma nawa da izinin kotu aka liƙa. Ya sa na kwaso takardun asibiti da rasit ɗin hayar sabon shago da duk alat ɗin kuɗin da na tura wa mutumin, cikin kwana uku suka shigar da roƙon a kotu, har da roƙon a dakatar da zartar da hukuncin.

Inda suka gaza kuwa, waya. Sai ka kira sau biyar ba a ɗaga ba, ka tura saƙo a WhatsApp sai bayan isha'i. Maganar kuɗi ma ba su rubuta min tun farko ba, yau a ce kuɗin fayil gobe a ce tarar makara, duk da dai tarar na ga rasit ɗin kotu. Ga zaman jira, akwai ranar da na yi awa biyu a benci ba wuta ba fanka.

Alƙali dai ya soke hukuncin ya ce in biya wanda ya kai ni ƙara kuɗin ɗawainiya, banki suka saki asusu. Amma fa kar ku ce na ci shari'a, an dawo da ita farko ne, watan gobe za mu koma. Tauraro huɗu na ba su, ɗayan na riƙe saboda wayar nan.