Arthur ya girma, ni kuwa ban shirya ba

Kashi huɗu kacal aka ba mu a zango na 25, wanda shi ne na ƙarshe a shirin Arthur, zane mai motsi na yara. Tashar PBS ta Amurka ta sake su ranar 21 ga Fabrairu, 2022. Shirin da ake yi tun 1996, a ce da ɗan wannan za a yi sallama da shi? Gaskiya na ji haushi.

Ga wanda bai san shi ba, Arthur dabgi ne ɗan shekara takwas, mai tabarau da rigar sanyi ruwan ɗorawa, ɗan aji uku a wani ƙagaggen gari mai suna Elwood City. Daga littattafan Marc Brown aka ɗauko shi. Dabgin ma sai an faɗa maka, don dogon hancin nan tuni aka shafe shi.

Ni da ɗana muka zauna muka kalle su a dare ɗaya. Ukun farko ba yabo ba fallasa. Zanen ne har yau bai kwanta min ba. Tun da aka koma zanen kwamfuta a zango na 16, fuskokin suka zama sumul kamar an yi musu guga, motsin ma ya yi tauri. Yaron bai damu ba, ni ce mai tuna na da.

Labarin ƙarshe shi ya biya. A ɗakin karatu Arthur da abokansa Buster, Francine da Muffy suka tsinci wani tsohon abin wasa mai faɗin abin da mutum zai zama, sai aka tsallaka da mu shekara 20 gaba. Ga Buster ya zama malami, Francine tana da kamfanin takalma, Muffy na takarar magajin gari. D.W. kuwa, ƙanwar Arthur mai bakin nan da ba ya mutuwa, ta zama 'yar sanda tana rubuta wa mutane tara a kan titi. Nan na yi dariya har da ƙwalla, don wanda ya san ta ya san aikin ya samu mai shi. Shi Arthur ya zama mai rubuta labari da zane. Ya buɗe littafinsa zai karanta wa abokansa, ashe labarin ranar da ya fara sa tabarau ne, wato kashin farko na shirin. Kuma Michael Yarmush, wanda ya fara yin muryar Arthur yana yaro, shi aka dawo da shi ya yi muryar babban. Wannan dabara ta burge ni. Sai dai an yi gaggawa, kowa leƙowa ya yi ya wuce.

Matasa da yawa hoton dunƙulallen hannun Arthur kawai suka sani, wanda ya karaɗe intanet a 2016. Mu iyaye abin da muka riƙe daban ne. Shirin bai taɓa raina damuwar yaro ba. George, ɗan ajinsu Arthur, yana fama da haɗa baƙi, iyayen Buster sun rabu, mai dafa abincin makaranta ta kamu da ciwon daji, kuma duk an faɗa wa yara ba tare da an tsorata su ba.

Ɗana yana da asma. Da can ɓoye abin shaƙarsa yake yi a ƙasan jaka, kada 'yan ajinsu su gani. Na yi lallashi har na gaji. Ranar da ya ga Buster ma yana da ita, kuma bai fasa wasa da ci kamar gara ba, sai ya mayar da abin aljihun gaba.

Da aka nuno Buster babba, sai ya matso kusa da talabijin yana ƙare masa kallo. Ya juyo ya ce, "Mama, har yanzu yana da asmar?" Na ce ba su faɗa ba. Ya yi shiru kaɗan, sannan ya ce in mayar masa kashin farko.