Gargaɗi: masu "makarantar saƙar ƙaddara" ƴan damfara ne, kar ku tura musu ko sisi

Jama'a don Allah ku tsaya ku karanta kafin wani naku ya faɗa, ni dai tawa ta riga ta faɗa kuma wallahi har yau ban gama hucewa ba. Akwai wasu da ke tallata wata makaranta a intanet, wai ta koyon saƙar ƙaddara, suna cewa duniyar nan kaf ɗinta saƙa ce, kowane mutum zare ne, duk abin da zai same ka ƙulli ne, to wai in ka iya zare zaren nan ka mayar da shi wani gurbin sai rayuwarka ta juya, bashi ya ɓace, mara lafiya ya miƙe, wanda ya guje ka ya dawo yana roƙo. Ban kawo sunansu ba don ba shi da amfani, a wata huɗun da na yi ina bibiyarsu sau uku suka canza suna. Hoton ginin ne kawai bai canza ba, wani ƙaton gida mai hasumiya cikin gajimare wanda in ka zura ido za ka ga kwamfuta ce ta zana shi, tagogin ma wani ya hau kan wani.

Ƙanwata ce ta shiga, ta ɓoye min. Na dai lura kullum da dare tana ƙunshe a ɗaki da wani ɗan katako da zare kala-kala tana ƙulle-ƙulle tana motsa baki, da na matsa mata sai cewa ta yi "Yaya, ba za ki gane ba, sai wanda aka buɗe wa ido." Wannan maganar ce ta sa na nemi linkin na shiga guruf ɗin da kaina.

Aji na farko kyauta ne, nan ne tarkon yake. Za a ce ka turo hoton tafin hannunka da ranar haihuwarka a "karanta zarenka", bayan kwana ɗaya sai ga saƙon murya, wata murya mai sanyi tana ce maka kai mai haƙuri ne amma mutane ba sa gane ka, kana da baiwar da ba ka yi amfani da ita ba, kuma akwai wani na kusa da kai da ya ƙulle maka hanya. To wa za a faɗa wa haka ya ce ba shi ba ne? Tsohuwar dabara ce. Tun 1948 wani malamin ilimin halayyar ɗan Adam a Amurka, Bertram Forer, ya raba wa ɗalibansa bayanin halinsu, kowa yana zaton nasa ne shi kaɗai, suka ba shi maki sama da 4 cikin 5 wajen dacewa, alhali takarda iri ɗaya ya ba su duka. Ni ma na gwada, na roƙi mata biyu a guruf ɗin su turo min nasu, wallahi da nawa da nasu da na ƙanwata saƙo ɗaya ne, sunan farkon kawai aka sauya, har tarin da mutumin ya yi a tsakiya yana nan.

Daga nan sai kuɗin rajista, sai kuɗin "zaren asali" wanda wai a wajensu kaɗai ake samu, sai hawa na biyu, sai na uku, kowanne ya fi na baya tsada. In ka ce ba ka ga canji ba laifinka ne, wai ka yi kokwanto a ƙulli na bakwai, sai ka biya a warware a sake. In ka faɗa wa wani na waje wai zarenka zai tsinke, kun ga yadda suka raba yarinya da duk wanda zai ce mata ke tsaya.

Abin da ya fi ƙona min rai shi ne ko saƙar ma ba su iya ba. Na taɓa zama gaban masaƙa na koya, ba gwana ba ce ni amma na san sai an yi wadari an miƙe zaren tsaye, allera ta ɗaga wasu ta sauke wasu, ƙoshiya ta ratsa da zaren kwance, a buga ya zauna, haka layi bayan layi har saƙar ta riƙe. Na tambayi "babban malamin" nasu a gaban kowa, na ce malam mene ne aikin allera? Ya yi shiru kusan awa guda, can ya dawo da cewa wannan saƙar jiki ce, su ta ruhi suke koyarwa, bayan minti biyar adimin ya cire ni.

Kafin a cire ni na ga bidiyon da suke ruɗar mutane da shi, wasu katuna masu huji-huji a jere, wai katunan ƙaddara ne da magabata suka ɓoye. Na masaƙar Jacquard ne fa! Joseph Marie Jacquard ya fito da ita a 1804 a birnin Liyon na Faransa, hujin katin ne ke nuna zaren da zai ɗaga don adon ya fito, kuma daga nan Charles Babbage na Ingila ya ɗauki dabarar katin don injin lissafinsa. Su kuma "iyaye uku" da ake sa ɗalibai kiran sunansu, daga tatsuniyar Girkawa aka kwaso su, Kuloto mai kaɗi, Lakesis mai awon zaren rai, Aturofos mai yankewa. Ni ba na faɗa da tatsuniya, ina ma son irin labaran nan na makarantun sihiri, a labari kam a saƙa duniya a warware, amma a ce a biya kuɗi wai gaske ne, nan muka raba gari. Ban ma shiga batun addini ba, kowa ya san me muke neman tsari da shi a Falaƙi game da masu tofi a ƙulli.

In da gaske suke me ya hana su cin kuɗin James Randi, wani mai fallasa masu da'awar sihiri? Mutumin nan ya ajiye dala miliyan 1 ga duk wanda ya nuna irin wannan ƙarfin a gaban gwaji, har aka rufe gasar a 2015 ba wanda ya ɗauka.

Sai kuma hawan ƙarshe, inda asirin yake. Wai masaƙarka ba ta cika sai ka kawo zare shida, wato mutum shida masu biya, su ma kowa ya kawo shida. Ku buga a waya, 6 sau 6 haka har hawa 13 ya haura mutum biliyan 13, mu kuma duk duniya a 2022 muka kai biliyan 8. Kenan dole na ƙasa su yi asara, kuma kusan kowa na ƙasan ne. Ƙanwata ta riga ta ja ƙawayenta biyu, yanzu ko gaisawa ba sa yi.

In kana ciki ka daina biya yau ɗin nan, kar ka ce bari na ƙarasa tunda na riga na zuba da yawa, da wannan tunanin suke riƙe mutane. Ka ɗauki hoton duk hirarku da shaidar tura kuɗin kafin su goge, ka kai wa bankinka da hukuma, in kuma ka ba su hoton katin shaidarka ko wata lamba da aka turo maka ta waya ka canza lambobin sirrinka maza. Kuma a kula da zagaye na biyu, sati biyu da fitar ƙanwata wani ya kira ta wai lauya ne mai ƙwato wa mutane kuɗinsu daga makarantar, ta ɗan biya kuɗin buɗe fayil kawai. Ta sa a sifika muka saurara tare, muryar nan ce mai sanyi, har da tarin.